Ina bes ɗin Jason ya shiga? Fashin baƙi kan sautin albam ɗin Metallica na 1988

Akwai wata tambaya da ta ƙi ci ta ƙi cinyewa tsakanin masu jin kiɗan hebi metal, yau sama da shekara 30 kenan ana yinta: me ya sa in ka kunna albam ɗin Metallica mai suna ...And Justice for All baka jin bes? Sunan mai kaɗa bes ɗin yana nan a jikin kwalin, Jason Newsted, hotonsa yana ciki, ya shiga situdiyo ya kaɗa abinsa an ɗauka, amma in ka sa a kunne sai ka rantse mutum uku ne suka yi kiɗan ba huɗu ba.

Duk lokacin da aka sake fito da wani tsohon albam nasu aka ce an sabunta sautinsa sai maganar ta dawo sabuwa fil, kuma sai kaga mutane nata faɗin abubuwa daban daban, wani ya ce ai kayan situdiyon zamanin ne basu da kyau, wani ya ce Jason ɗin ne bai iya ba shi yasa aka ɓoye shi, wani ya ce sifikarka ce mara kyau ka sayi babba, wani kuma ya ce a jira rimasta, wato sake goge sautin tsohon albam, zai gyara komai. Kusan duk waɗannan ba haka bane, kuma abin da ya sa ake ruɗewa shine yawancin mu bamu bambance matakan da waƙa ke bi kafin ta iso kunnenmu ba. Shi yasa na ce bari na zauna na warware shi a tsanake, don ni dai albam ɗin nan ina sonsa ƙwarai, kuma abin da aka yi wa sautinsa yana damuna har yau.

Su waye, kuma wane irin kiɗa ne

Hebi metal kiɗa ne da aka gina shi a kan jitar lantarki da ake tura ta cikin amfilifaya har sautinta ya yi kaushi ya yi ƙarfi, ga ganguna masu nauyi, ga bes a ƙasa. Yawanci ana kai tushensa ne ga ƙungiyar Black Sabbath ta birnin Birmingham a Ingila, wadda ta fitar da albam ɗinta na farko a 1970. Metallica kuwa a Los Angeles ta Amurka aka kafa ta a 1981, Lars Ulrich ɗan ƙasar Denmark mai ganguna da James Hetfield mai waƙa kuma mai jita su ne suka kafa ta, kuma har yau su ne wuƙa da nama a cikinta. Kirk Hammett ya shigo a 1983 a matsayin mai jitar gaba. Salon da suka shahara da shi mai sauri ne sosai, hannun dama na mai jita yana dukan igiya kamar ana sussuka.

Bes kuma, ga wanda bai saba ba, jita ce mai igiya huɗu masu kauri wadda sautinta ke can ƙasa. Ba ita ke jan hankali ba, sau da yawa baka ma san kana jinta ba sai an cire ta. Ita ce ke ɗinke ganguna da jita wuri ɗaya, ita ce kake ji a ƙirji in ka tsaya kusa da babbar sifika a wajen biki. In babu ita kiɗa yakan zama kamar mutum mai babban kai da siraran ƙafafu.

Mutuwar Cliff da shigowar Jason

Ba za a gane labarin sautin nan ba sai an koma ranar 27 ga Satumba 1986. Ƙungiyar na yawon wasa a Turai bayan fitar da albam ɗinsu Master of Puppets, motar bas ɗinsu ta kife a kudancin Sweden kusa da garin Ljungby, mai bes ɗinsu Cliff Burton ya faɗo ta taga motar ta danne shi ya mutu yana da shekara 24. Cliff ba mai bes kawai bane a wajensu, shi ne wanda ya fi su sanin ilimin kiɗa, shi ke koya musu yadda ake jera sauti ya hau kan sauti, kuma suna jin maganarsa kamar ta yaya.

Ko wata biyu ba a yi ba suka ɗauki Jason Newsted daga wata ƙungiya mai suna Flotsam and Jetsam suka koma kan hanya, wato ko zaman makoki na kirki basu yi ba. Jason masoyinsu ne tun kafin ya shigo, kuma sanannen abu ne, su ma daga baya sun amsa da bakinsu, cewa sun gallaza masa a shekarun farko, sun huce haushin rashin Cliff a kansa, da tsokana da wulaƙanci iri iri. Ka riƙe wannan a ranka, zamu dawo kansa.

Wani abu kuma da ya kamata ka riƙe: a 1987 sun fitar da wani ƙaramin faifai na waƙoƙin wasu da suka sake kaɗawa, Garage Days Re-Revisited, shine farkon abin da aka ɗauka da Jason, kuma a cikinsa bes ɗinsa na fita raɗau yana gurnani. To kaga maganar wai bai iya ba ta faɗi tun daga nan.

Matakai uku da ake cakuɗawa

Mataki na farko shine ɗauka, rikodin. Kowane kayan kiɗa ana ɗaukarsa a nasa layin daban. A 1988 ba kwamfuta ake amfani da ita ba, tef ne mai faɗin inci 2 wanda ke ɗaukar layi 24, babbar gangar ƙafa tana da layinta, ƙaramar ganga tana da nata, jita, bes, murya, kowa da gidansa. In mai ganga ya yi kuskure a wani wuri ba wani danna maɓalli, injiniya zai jawo tef ɗin da hannu yana murza shi gaba da baya a kan na'urar har ya ji daidai inda bugun ya fara, ya sa alama da fensir mai maiƙo, ya ɗauki reza ya yanke, ya kawo wani yanki daga wani ɗaukan ya manna da salatif na musamman. Albam ɗin nan an sha yi masa irin wannan yanke-yanken, musamman a ganguna.

Na biyu shine miksin, haɗawa. Nan ne ake zama gaban wani dogon teburi mai maɓallai da ake turawa sama da ƙasa, kowane layi da nasa, a yanke hukuncin wa zai fi wa ƙara, wa zai zauna dama wa zai zauna hagu, a rage kaurin wannan a ƙara sirin wancan, a ƙarshe duk layukan nan a narkar da su su koma layi biyu kacal, na kunnen dama da na kunnen hagu.

Na uku shine mastarin, wato gyaran ƙarshe da ake yi wa waɗannan layi biyun, a daidaita ƙarar waƙa da waƙa, a ɗan goge sautin gaba ɗaya, a shirya shi don faifai ko kaset ko CD.

In kana so ka gane shi da sauƙi ka ɗauki miyar kuka. Rikodin shine cefane, ga kuka ga daddawa ga nama ga barkono kowanne a kwanonsa. Miksin shine girkin, nawa za a zuba na kowanne. Mastarin kuma shine ɗumamawa da zuba man shanu a sama kafin a kai wa maigida. In mai girki ta zuba daddawa ɗan mitsitsi ta kaɗa miyarta ta sauke, mai ɗumame ba ta da yadda za ta yi ta ƙara ƙarfin wannan daddawar da ta riga ta narke a ciki, sai dai a koma kan cefanen a sake girki. Matsalar wannan albam ba a cefane take ba, a girki take.

An ɗauki albam ɗin ne a situdiyon One on One da ke Los Angeles daga Janairu zuwa Mayu 1988. Da farko sun fara da furodusa Mike Clink wanda ya yi wa Guns N' Roses albam ɗinsu na farko, jininsu bai haɗu ba, sai suka kira tsohon mutuminsu Flemming Rasmussen daga Denmark, wanda shi ya yi musu Ride the Lightning na 1984 da Master of Puppets na 1986 a situdiyonsa na Sweet Silence a Copenhagen. Rasmussen ya sha faɗa a hirarraki cewa bes ɗin da Jason ya kaɗa a kan tef mai kyau ne matuƙa, kuma shi da Jason da injiniya Toby Wright na cikin 'yan tsirarun da suka taɓa jinsa yadda yake.

Abin da kunne ke ji in ka saurara

Ka samu iyafis mai ɗan kyau ka kunna waƙar farko, Blackened. Tana farawa da jitoci da aka juya su baya suna tasowa a hankali kamar daga nesa, sai kwatsam kiɗan ya faɗo. Ka lura da gangar ƙafa: maimakon ka ji wani dum mai cika ciki, sai ka ji tak tak tak kamar ana ƙwanƙwasa biro a kan tebur. Ƙaramar gangar a bushe take, ba amsa-kuwwa ko kaɗan, kamar an kaɗa ta a ɗakin da aka cika da katifu. Jitar kuma tana da kauri a ƙasa tana da kaifi a sama amma tsakiyarta a rarake yake. Sai ka nemi bes, ka kasa kunne da kyau, za ka ji kamar wata inuwa na bin jitar a baya, amma ka ce ga sautinta nan ka bi shi da kunne, ba za ka iya ba. Abin da ya fi ba ni takaici shine wannan waƙar ita kaɗai ce a duk albam ɗin da sunan Jason ke cikin marubutanta, babban kiɗan da ta ginu a kai daga hannunsa ya fito.

Kar a fahimce ni ba daidai ba, bushewar nan tana da nata amfanin. Waƙoƙi 9 ne, kusan minti 65, wasu sun kusa minti 10, cike da canjin taku da saurin da in da an cika musu amsa-kuwwa da sun zama kunu. A ƙarshen waƙar One inda gangar ƙafa da jita ke tafiya tare kamar harbin bindiga mai sarrafa kanta, kaifin nan ne ya sa kowane bugu ke fita daban. Maganar da waƙoƙin ke yi ma ta yaƙi ce da rashin adalci a kotu da lalacewar duniya, sautin mai sanyi mara tausayi ya dace da ita. Amma bushewa daban, ɓacewar mutum guda daban.

Abin da ya faru a ɗakin miksin

Rasmussen baya nan aka yi miksin, domin tun kafin ya zo an riga an ɗauki wasu mutum biyu, Steve Thompson da Michael Barbiero, kuma a situdiyon Bearsville da ke jihar New York aka yi aikin. Waɗannan ba 'yan koyo bane, su ne suka yi miksin albam ɗin Guns N' Roses na 1987, kuma duk wanda ya ji shi ya san bes na fita a cikinsa sarai. Jason ma baya ɗakin. Waɗanda ke ɗakin daga ƙungiyar su ne Lars da James, kuma a lokacin suna tsakiyar yawon wasan Monsters of Rock na bazarar 1988 tare da su Van Halen da Scorpions, suna wasa a manyan filayen ƙwallo sannan su hau jirgi su je Bearsville su zauna gaban sifika, su sake komawa.

A 2015 Thompson ya ba da nasa labarin a wata hira. A cewarsa ya fara haɗa sautin yadda yake ganin ya dace, da bes ɗin a ciki yana tafiya tare da jitar James, kuma James ya nuna ya gamsu, sai Lars ya shigo ya ce ba haka yake son gangunansa ba a mayar da su yadda ya tsara, sannan ya ce a sauke bes ɗin har sai da ƙyar ake jinsa, da aka yi haka sai ya ce a ƙara sauke shi da desibel 5. Desibel shine ma'aunin ƙarar sauti, kuma ragin 5 ba wasa bane, kusan rabin ƙarfin siginar ke tafiya, to ka auna abin da dama da ƙyar ake ji sannan a ƙara raba shi kusan biyu. Thompson ya ce ransa ya ɓaci har ya so ya bar aikin amma aka lallashe shi ya ƙarasa. Ya kuma ce a 2009 wajen bikin karrama ƙungiyar a Rock and Roll Hall of Fame, Lars ya tambaye shi wai me ya faru da bes a albam ɗin nan ne.

Wannan labarin mutum ɗaya ne, dole a faɗi haka. James kuma nasa bayanin daban ne, ya ce ba don su ci zarafin Jason suka yi ba, a gajiye suke liƙis, kunnuwansu sun ƙone da ƙarar filin wasa, suna ta ƙara sautin sama na komai don su ji shi, a haka bes ya nutse. Wannan bayanin yana da gaskiya a kimiyyance, duk wanda ya taɓa kwana kusa da sifikar biki ya san yadda washegari kunne ke yin dum, siririn sauti ya dushe, kuma mutum a wannan halin in ka ba shi maɓalli zai ƙara kaifi ne ya wuce misali. Shi ya sa na yarda gajiyar kunne ta bayyana tak tak ɗin gangar nan da kaifin jitar. Amma bata bayyana yadda za a ce a sauke layi ɗaya tak a ƙara sauke shi ba.

Maganar cewa jita ce ta cinye shi

Wannan ita ce hujjar da ta fi ƙarfi a ɓangaren masu kare ƙungiyar, kuma ya kamata a yi mata adalci. Kauri ko sirin sauti ana auna shi ne da yawan girgizar da yake yi a daƙiƙa ɗaya, ana rubuta shi Hz. Kunnen ɗan adam mai lafiya na ji daga wajen 20 zuwa 20,000. Igiyar da ta fi kauri a bes tana girgiza wajen sau 41 a daƙiƙa, wadda ta fi kauri a jita kuma wajen sau 82, wato ninki biyu daidai. Sannan kowace igiya in an kaɗa ta ba sauti ɗaya take fitarwa ba, tana fitar da 'ya'yan sauti a ninki biyu, ninki uku, ninki huɗu, a haka. Kenan ɗan farko na bes ɗin yana faɗawa ne daidai kan inda jitar ke zaune.

To in sauti biyu suka haɗu a waje ɗaya mai ƙarfin yakan danne mara ƙarfin har kunne ya daina jinsa, kamar kana magana a kusa da injin niƙa. James a lokacin yana son jitarsa da kauri sosai a ƙasa, kuma yana ɗora jita kan jita layi da yawa har ta zama bango. Jason kuma ya shigo da ɗabi'ar kaɗa abin da jita ke kaɗawa daidai da daidai, da ɗan filastik ɗin nan na kaɗa igiya maimakon yatsa kamar yadda Cliff ke yi, kuma shi kaɗai ya shiga ya ɗauki nasa da injiniya cikin ɗan lokaci ba wanda ya zauna ya ce masa nan ka kauce wa jita nan ka bi ganga. Shi kansa ya amsa wannan. Don haka eh, akwai cinkoso na gaske a ƙasan sautin.

Amma fa wannan cinkoson shine ainihin aikin mai miksin, abin da aka ɗauke shi ya warware kenan. Ana rage kaurin jitar kaɗan a buɗe wa bes taga, ko a ɗago gurnanin bes ɗin a tsakiya inda dama jitar ta rarake ta bar fili. Ana yinsa kullum. Hujja mafi sauƙi ita ce albam ɗinsu na gaba na 1991, wanda ake kira baƙin albam, mutanen nan huɗu dai, situdiyon nan dai na One on One, amma furodusa Bob Rock ya sa Jason ya riƙa bin gangar ƙafa maimakon bin jita, aka ba bes ɗin wajen zama, ka kunna waƙar Sad But True da ke cikinsa ka ji yadda ƙasa ke motsi.

Akwai masu cewa wai don faifan garmaho aka rage, tunda sauti mai kauri na cin fili a jikin faifai kuma albam ɗin dogo ne. Wannan ma bata tsaya ba, domin a faifai biyu aka fitar da shi, fuska huɗu, kowace fuska wajen minti 16, fili ya isa har ya yi saura.

Ni a ganina abu uku ne suka haɗu: cinkoso na gaskiya, kunnuwa da suka gaji, da mutum biyu masu iko da basu gama yarda cewa wani ya zauna a kujerar Cliff ba. Ba sai sun zauna sun ƙulla ba, ya isa kawai ace a ɗakin nan ba wanda zai ji zafi in bes ya ɓace, wanda zai ji zafin kuma ba a gayyace shi ba.

Duk da haka albam ɗin ya karɓu. Ya kai mataki na 6 a Billboard, jadawalin albam ɗin da suka fi kasuwa a Amurka, ya sayar da sama da kwafi miliyan 8 a Amurka kaɗai, a 1989 ya shiga takarar Grammy, babbar lambar yabo ta mawaƙa a Amurka, aka ba wata ƙungiya mai suna Jethro Tull abin da ya jawo surutu sosai, a 1990 kuma waƙar One ta ci musu Grammy ɗinsu na farko. Jason ya zauna da su har Janairun 2001.

Me ya sa rimasta na 2018 bai dawo da shi ba

A Nuwamban 2018, cikar shekara 30, aka sake fitar da albam ɗin da sabon mastarin, mutane da yawa suka saya ko suka kunna da zumuɗi suna jiran su ji Jason, sai suka ji shiru, aka fara cewa an yaudare mu. Ba yaudara bace, rashin fahimtar kalmar ce. Rimasta ɗumame ne, yana aiki ne kan layi biyun nan da aka riga aka narkar. In injiniya ya ƙara kaurin ƙasa a wannan matakin abin da zai taso shine kaurin jitar James da gangar Lars, tunda su ne ke zaune a wajen. Abin da ake buƙata shine rimiks, a koma kan tef mai layi 24 a sake girki, kuma ƙungiyar ta ce ba za ta yi ba, James ya ce albam hoton wani lokaci ne a rayuwarsu kuma ba a komawa a canza tarihi. Thompson kuma ya nuna shakku ko tef ɗin ma zai jure, saboda yawan yanka da mannawar da aka yi masa.

Masoya basu jira ba. Wasannin bidiyo irin su Rock Band da Guitar Hero sun buƙaci layukan kiɗa daban daban don mai wasa ya bi kayan kiɗa ɗaya, ta nan aka samu ainihin bes ɗin Jason na wasu waƙoƙin, mutane suka ciro suka ɗaga shi suka watsa a YouTube, wasu da sunan And Justice for Jason. Sai dai a yi hattara, ba duka bane na gaske, wasu wani ne ya kaɗa nasa bes ɗin ya ɗora, wasu kuma manhajar AI ce ta yi ƙoƙarin tsamo shi daga cikin miyar, kuma abin da take fitarwa rabinsa kintace ne. A waɗanda suke na gaske kuwa za ka ji mutum yana bin wannan saurin ba tuntuɓe, da ƙarfi da tsafta.

Na fahimci hujjar James kuma ina girmama ta, domin in aka buɗe ƙofar gyara tsohon aiki ba a san inda za a tsaya ba, gobe a gyara murya jibi a daidaita ganga da kwamfuta. Amma ba wanda ya ce a goge na asali. Ƙungiyar Beatles ma an sake yi wa albam ɗinsu Sgt. Pepper miksin a 2017 kuma tsohon yana nan ga mai so. A bar na 1988 yadda yake, a fitar da na biyu kusa da shi, mutane su zaɓa, mutumin da ya yi aiki kuma a ji aikinsa.

Kuma ba shi ne karo na ƙarshe da suka samu matsalar sauti ba. A 2008 albam ɗinsu Death Magnetic ya fito da wata cutar ta daban, an matse ƙararsa an tura ta har sama sai da sautin ya riƙa fashewa, wanda ya yi mastarin ɗin Ted Jensen ya ce a haka aka kawo masa shi daga miksin, kuma nan ma sai aka ga sigar da ke cikin Guitar Hero ta fi ta CD daɗin ji.

Abin da ya shafi mai sauraro da mai ƙaramin situdiyo

In kai mai sauraro ne, abu na farko in ka ga an rubuta rimasta a jikin waƙa a Spotify ko YouTube kar ka sa ran za ka ji sabon abu da babu shi da, ƙara da ɗan haske ne kawai za su canza, wani lokacin ma tsohon ya fi. Na biyu kar ka yanke wa waƙa hukunci da sifikar waya, 'yar sifikar nan ba ta iya fitar da 41 ko 82 ba, abin da kake ji a matsayin bes a waya 'ya'yan sautin ne na sama ƙwaƙwalwarka ke cike sauran. Sai dai shi wannan albam ko a wace sifika ka sa shi haka yake, na gwada a ta mota na gwada a babbar ta wani abokina mai haya wa masu biki, ƙasan na motsi amma jita ce da ganga, kar ka ɓata kuɗinka.

In kuma kana haɗa kiɗa ne a ɗaki da laftof, irin yadda matasa da yawa ke yi yanzu a Kano da Kaduna da Jos, matsalar nan taka ce kai tsaye ko da baka taɓa jin hebi metal ba. Gangar ƙafa da bes da kaurin fiyano duk a waje ɗaya suke zama, in ka ji bes ɗinka ya ɓace kar ka fara da ƙara masa ƙara, ka duba wa ke zaune a kansa ka rage shi, sannan ka ɗan ɗago tsakiyar bes ɗin don masu ji a waya su same shi, tunda yawancin masu jin waƙarka a waya za su ji ta bayan an tura ta WhatsApp ta ƙara matsewa. Kar ka yi miksin bayan ka dawo daga wajen biki ko bayan awa 8 da iyafis a kunne, ka kwanta da safe ka sake ji a ƙaramar ƙara, ka kunna wata waƙa da ka yarda da sautinta ka gwada su kusa da kusa. In mai waƙa ya tsaya a kanka yana cewa a ƙara muryata a ƙara muryata, ka yi masa yadda yake so tunda waƙarsa ce, amma ka ajiye taka sigar, kuma ka ajiye layukan kowanne daban a wani ma'ajiyin kwamfuta (hard disk) da ba shi kake aiki da shi ba. In kuma kai ne aka kira ka kaɗa wani abu a waƙar wani, ka tambayi ranar da za a yi miksin ka je ka zauna a ɗakin.